Mbube: Waƙar Solomon Linda da Hannayen da Ta Bi

Faifan da nake son yin magana a kansa bai cika minti uku ba. An ɗauke shi a shekarar 1939 a birnin Johannesburg, a situdiyon wani ɗan kasuwa mai suna Eric Gallo. Waɗanda suka yi waƙar kuwa 'yan ci-rani ne 'yan ƙabilar Zulu, da suka baro ƙauyukansu suka shigo birni neman abin kai wa bakin salati. Sunan ƙungiyarsu Evening Birds, jagoransu Solomon Linda, waƙar kuma sunanta Mbube, wato zaki da harshensu. Daga cikin wannan faifai aka ciro waƙar da duniya ta sani da The Lion Sleeps Tonight, wadda ko ba ka san sunanta ba, da an saka ta za ka gane karinta.

Sana'ata haɗa sauti ce a wani ɗan ƙaramin situdiyo, shi ya sa idan ina sauraron tsohon faifai nakan kasa kunne har ga ɗakin da aka yi shi. Mu yanzu mawaƙi zai shigo ya yi baiti ɗaya, ya fita ya sha ruwa, ya dawo ya yi na biyu. In muryarsa ta zame in gyara a kwamfuta, in amshi bai zauna ba in yanko na farko in liƙa a ƙarshe. A zamanin su Linda babu wannan gatan. Kowa zai tsaya gaban makirfo a lokaci guda, allura tana sassaƙa sautin kai tsaye a jikin faifan kaki, in mutum ɗaya ya yi tari ko ya shigo kafin lokacinsa, sai a jefar da wannan a ɗauko sabo. Sau uku suka ɗauki Mbube, kuma ɗauka ta uku ce aka aika Ingila aka buga ta a faifan garmaho.

Ina roƙon duk mai karanta wannan ya nemi faifan na asali a intanet, ya sa abin ji a kunne, ya saurara har ƙarshe. Abu na farko da zai ji shi ne shuuu ɗin tsohon faifai. Can ƙasa-ƙasa akwai piyano da jita da banjo, da kyar ake jin su, don furodusan, Griffiths Motsieloa, ya kawo su ne kawai su riƙe wa mawaƙan zango. Nauyin waƙar duk yana wuyan masu kaurin murya. Suna maimaita kalma guda, «uyimbube», kai zaki ne, suna jujjuya ta ba gaggawa, har sai ka ji ƙirjinka yana bin su. A samansu kuma ga Linda da siririyar murya irin ta mata, yana hawa yana sauka, yana kuka yana kira, ba ya tsayawa wuri ɗaya. Yawancin abin da yake yi ba kalmomi ba ne, murya ce zalla. Sai can gab da ƙarshe, saura 'yan daƙiƙoƙi allura ta kai bakin faifai, ya ja numfashi ya saki wani ɗan gajeren kari da bai yi ba a duk tsawon waƙar. Wannan ɗan karin shi ne wanda daga baya aka ɗora wa kalmomin Turanci, shi ne wanda duniya take rerawa yau.

Na daɗe a kan wannan wurin, ina mayar da shi baya ina sake ji. Duk wanda ya yi aiki da mawaƙa ya san irin wannan lokaci. A ɗauka ta farko mutum a ɗarare yake, a ta biyu yana gyara kuskuren farko, a ta uku jikinsa ya saki, ya manta da makirfo, sai abin da ke cikinsa ya fito. Ba a rubuce Linda ya zo da karin nan ba, domin bai iya rubuta kiɗa ba. A bakinsa ya faɗo a wannan rana, kuma sa'ar da aka yi allura tana kan kaki. Ina jaddada wannan ne saboda shekaru masu yawa bayan haka an yi ta cewa ai waƙar gargajiya ce, ba ta da mai ita. Ga faifan nan, ga shekarar, ga muryar mutumin da ya ƙago ta, kowa yana iya ji da kunnensa.

An haifi Solomon Linda a 1909 a yankin Msinga na lardin Natal, ƙasa mai duwatsu da talauci. Ya yi kiwon shanu yana yaro, ya ɗan taɓa makarantar mishan, inda ya saba da waƙar taro mai muryoyi hawa-hawa. Irin wannan waƙa ta riga ta yi saiwa a yankin tun shekarun 1890, lokacin da wata ƙungiyar baƙaƙen fatar Amurka ƙarƙashin Orpheus McAdoo ta zagaya Afirka ta Kudu tana wasa. A farkon shekarun 1930 Linda ya tafi Johannesburg, ya yi aiki a shagon kayan katako, ya yi a kicin ɗin otel. Da dare, musamman daren Asabar, shi da abokansa sukan caɓa ado da kwat mai ratsi da hula da takalmi mai launi biyu, su tafi gasar waƙa a gidajen kwanan leburori. A irin wannan gasa ba kiɗa, sai murya da taku, kuma wanda ya yi nasara yakan koma gida da akuya ko bargo. Linda dogo ne ƙwarai, kuma shi ya fito da tsarin tara masu kaurin murya da yawa a ƙasa, jagora ya hau can sama shi kaɗai. Faifan ya karɓu har ya kai an sayar da kusan kwafi 100,000 kafin ƙarshen shekarun 1940, sunan waƙar ma ya zama sunan salon gaba ɗaya, ana ce masa mbube. Daga wannan salon ne isicathamiya ta fito, wadda ƙungiyar mawaƙan Ladysmith Black Mambazo suka kai ko'ina a duniya.

Abin da kamfanin Gallo ya biya ya mallaki waƙar sule goma ne. A wancan zamani mawaƙi baƙar fata a Afirka ta Kudu ba a ba shi kaso daga cinikin faifai, a ba shi ɗan abin da aka ba shi a hannu, shi ke nan an rabu. Daga baya kamfanin ya ɗauke shi aiki a masana'antarsa, yana shirya faifai a cikin kwali.

Yadda waƙar ta tsallaka teku kuwa, kamfanin ne ya aika wasu faifansa zuwa kamfanin Decca a New York ko za su samu kasuwa. Ba su samu ba. Alan Lomax, mai tattara waƙoƙin al'ummomi, shi ya tsince su ya kai wa abokinsa Pete Seeger, mawaƙi ɗan Amurka. Seeger ya ji Mbube ta shiga ransa, ya zauna ya kwafe ta da kunne. Da yake bai san Zulu ba, kuma faifan yana shuuu, «uyimbube» sai ta zame masa «wimoweh». Ƙungiyarsa, The Weavers, ta ɗauki waƙar da wannan suna tare da makaɗan Gordon Jenkins, ta kuma shiga jerin waƙoƙin da aka fi saye a Amurka a 1952.

Wannan ɗauka ta Weavers ba ta cikin waɗanda nake so. Jenkins ya cika ta da ƙahonni da ganguna, tana ta ƙara tana kumbura, har an rasa natsuwar nan ta masu kaurin murya. Wadda suka yi a gaban jama'a a zauren Carnegie a 1955 ta fi kama hankali, Seeger yana kai muryarsa sama yana bin sawun Linda. A nan ana jin cewa mutumin yana ƙaunar waƙar da gaske.

Amma a takarda, inda ake rubuta sunan mai waƙa, an sa Paul Campbell. Babu wani mutum mai wannan suna. Suna ne na aro da Weavers da kamfanin da ke kula da waƙoƙinsu, na Howie Richmond, suke amfani da shi idan sun ɗauki waƙar da suke ganin ta gargajiya ce, don kuɗin da ake biyan marubuci ya samu aljihun shiga. Nan ne abin yake ci mini rai. Sunan Solomon Linda yana rubuce a jikin faifan da Lomax ya kai wa Seeger. Ba sai an yi bincike ba. Da Gallo ya ji labari ya yi magana, sai aka daidaita tsakanin kamfani da kamfani: Gallo ya riƙe cinikin Wimoweh a yankin kudancin Afirka, Amurkawa suka riƙe sauran duniya. Ba wanda ya kira Linda wurin wannan zama.

Game da Seeger kansa, ban sa shi sahu ɗaya da sauran ba. Ya riƙa ambaton sunan Linda, ya aika masa da dala dubu ɗaya, ya kuma ce wa kamfanin a riƙa tura wa Linda kason da ya kamata ya zo masa. Daga baya da bakinsa ya yarda cewa kuskurensa shi ne bai tsaya ya ga an rubuta wa Linda cikakkiyar yarjejeniya ta marubucin waƙa ba. Kyakkyawar niyya ce, amma ya bar ta a hannun mutanen da ribarsu take cikin rashin cika ta. Shi ma bai daɗe yana cin moriyar waƙar ba a lokacin, domin a wannan shekara ta 1952 aka zargi 'yan Weavers da kwaminisanci, gidajen rediyo da talabijin suka rufe musu ƙofa.

Waƙar dai ba ta tsaya ba. Yma Sumac ta yi ta, Kingston Trio sun yi ta a 1959. A 1960 Miriam Makeba, wadda ta baro Afirka ta Kudu ba da daɗewa ba, ta saka ta a faifanta na farko a Amurka, da sunanta na asali, Mbube, da harshenta na asali. A duk waɗanda aka yi bayan Linda, ta Makeba ce nake komawa gare ta. Ba ta yi ƙoƙarin burge kowa ba. Ta san inda waƙar ta fito, ta san yadda ake furta kalmomin, muryarta kuma tana zaune a kan amshin kamar yadda ya kamata.

Sai 1961. Wasu samari huɗu daga unguwar Brooklyn, masu suna The Tokens, sun koyi Wimoweh daga faifan Weavers, suka rera ta a gaban furodusoshin kamfanin RCA, Hugo Peretti da Luigi Creatore. Su kuma suka ga ba za ta sayu ba sai da kalmomin Turanci, suka kira George David Weiss, mutumin da ke cikin marubutan Can't Help Falling in Love ta Elvis Presley, daga baya kuma What a Wonderful World ta Louis Armstrong. Weiss ƙwararre ne, kuma abin da ya yi ya nuna haka. Ya gano cewa zinariyar waƙar tana cikin ɗan gajeren karin nan, sai ya ɗauko shi daga gefe ya mai da shi ginshiƙi, ya ɗora masa 'yan baitoci kan zaki yana barci a kurmi kusa da ƙauye. Yaron da ya yi kiwon shanu ba zai kai zaki kurmi ba, ya san dabbar fili da ciyawa ce, amma mai saye a New York bai damu da wannan ba.

Ba zan ɓoye ba, faifan Tokens ya yi kyau. A matsayina na mai haɗa sauti ina jinjina wa wanda ya tsara shi. Ganguna suna birgima a hankali, amshin yana tafiya daram, Jay Siegel yana can sama da siririyar muryarsa tas ba ƙura, sannan a bayansa aka kawo Anita Darian, mawaƙiyar opera, tana shawagi a wani hawa da za ka rantse kayan kiɗa ne ba mutum ba. Komai a wurinsa yake. Yawancin 'yan ƙungiyar ma kunyar waƙar suke ji, ba su so a fitar da ita ba, aka manna ta a bayan faifan wata waƙa mai suna Tina. Wani mai gabatar da shiri a gidan rediyo a jihar Massachusetts ya juya faifan ya saka bayan, kafin shekara ta ƙare ta zama ta ɗaya a Amurka, ta yi mako uku a wurin. Abin da aka rasa shi ne nauyi. A wurin Linda waƙar maza ce da suka yi nisa da gida, akwai taurin rai da kewa a cikinta. A wurin Tokens ta koma waƙar lallashin yaro ya yi barci.

Sunayen da aka rubuta a matsayin masu waƙar su ne Weiss da Peretti da Creatore. Da kamfanin Richmond ya taso da maganar cewa ai daga Wimoweh aka ɗauka, sai aka ƙara suna na huɗu, Albert Stanton, shi ma na aro ne. Su kansu Tokens ba su samu kason marubuta ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

A lokacin da wannan faifai yake zaga duniya, Linda yana kwance a Soweto, unguwar baƙaƙen fata a gefen Johannesburg. Tun 1959 ya faɗi a kan dandamali yana cikin waƙa, aka gano ciwon ƙoda ne. Ya rasu a 1962, shekarar da Karl Denver ya kai Wimoweh sahun gaba a Birtaniya, Henri Salvador kuma ya yi ta da Faransanci da sunan Le lion est mort ce soir. Iyalinsa ba su da kuɗin dutsen da za a kafa a kabarinsa, sai bayan shekara 18 aka samu aka kafa.

Daga nan sai ta zama waƙar kowa. Robert John ya kai ta ta uku a Amurka a 1972. Tight Fit suka kai ta ta ɗaya a Birtaniya a 1982, ɗaukar da ban taɓa iya saurara har ƙarshe da daɗin rai ba. Wanda ya kalli Coming to America na Eddie Murphy, na 1988, muryoyin da suka buɗe fim ɗin na Ladysmith Black Mambazo ne, kuma Mbube suke rerawa. A 1994 Disney ta saka ta a bakin Timon da Pumbaa, wasu dabbobi biyu a fim ɗinta na zane The Lion King, daga nan ta shiga wasan dandamalin da aka fara a 1997, ta shiga kunnen yaran da ba su taɓa ganin garmaho ba, har da na gidajenmu.

A farkon shekarun 1990 an yi wata shari'a a Amurka a kan waƙar, amma tsakanin Weiss ne da kamfanin Richmond, kowa yana cewa tasa ce. Weiss ya yi nasara, da sharaɗin a riƙa aika wa iyalin Linda kashi goma cikin ɗari na wani ɓangare na kuɗin marubuci. Ɗan abin da yake isa Soweto bai fitar da 'ya'yansa mata daga talauci ba.

Wanda ya tone maganar ɗan jarida ne ɗan Afirka ta Kudu, Rian Malan. A shekarar 2000 ya rubuta dogon rahoto a mujallar Rolling Stone, ya bi waƙar daga hannu zuwa hannu, ya ƙiyasta cewa ta tara kusan dala miliyan 15, ya kuma je ya ga yadda 'ya'yan Linda suke zaune. Shekara guda bayan fitowar rahoton ɗaya daga cikinsu ta rasu da cutar ƙanjamau, a lokacin da maganin ya fi ƙarfin talaka. Rahoton ya tayar da ƙura, François Verster ya yi fim na gaskiya a kai, gwamnatin ƙasar ta shigo cikin maganar.

Lauyan da ya karɓi shari'ar, Owen Dean, ya samo mafita a wata tsohuwar dokar haƙƙin mallaka ta daular Birtaniya ta 1911, wadda take aiki a Afirka ta Kudu a zamanin da Linda ya sayar da waƙar. Dokar ta ce ko marubuci ya sayar da haƙƙinsa, bayan shekara 25 da rasuwarsa haƙƙin yana komawa ga magadansa. An yi ta ne don kada iyalan marubuta su tagayyara wasu suna cin gumin mahaifinsu. Ke nan tun 1987 Mbube ta koma hannun magadan Linda, ba tare da kowa ya sani ba. A 2004 aka shigar da ƙarar Disney a kotun Pretoria. Da yake kamfanin yana Amurka, sai lauyoyin suka sa kotu ta riƙe tamburan kasuwancinsa da ke rajista a Afirka ta Kudu, har da na Mickey Mouse, don dole ya zo ya amsa. Ba a kai ga yanke hukunci ba. A watan Fabrairun 2006 kamfanin Abilene Music, wanda ya ba Disney izinin amfani da waƙar, ya yarda a sasanta: a biya magadan kuɗin baya, a ba su kaso a abin da zai shigo, a kuma rubuta sunan Solomon Linda cikin marubutan The Lion Sleeps Tonight. Ba a bayyana adadin kuɗin ba.

Nakan tuna da wannan labari idan yaro ya shigo situdiyo da waƙar da ya kwana yana sarrafawa, wani mai kuɗi ya miƙa masa takarda da kuɗin mota. Nakan ja shi gefe in ce, «Ƙanina, kai takardar nan gida, ka sami wanda zai karanta maka ita kafin ka sa hannu.» Wasu suna ji, wasu kuma yunwa ba ta barin su su jira gobe, kuma ba na ganin laifinsu. Haka nan ina jin zafi idan na ji an ɗauki waƙar wani tsohon makaɗi an sake ta da sabon kiɗa, aka tambaya aka ce ai ta gargajiya ce, alhali an san sunansa, an san garinsu, 'ya'yansa suna nan da rai.

Sasantawar 2006 ba ta har abada ba ce. A dokar Afirka ta Kudu haƙƙin mallaka yana ƙarewa shekara 50 bayan rasuwar mai shi, na Linda ya ƙare a 2012, ita kuma yarjejeniyar da Abilene wa'adinta ya cika a ƙarshen 2017. A Amurka kuwa haƙƙin The Lion Sleeps Tonight yana nan da ransa, yana ci gaba da kawo kuɗi ga waɗanda suke riƙe da shi. A watan Yulin 2019 Disney ta fitar da sabon The Lion King, da waƙar a cikinsa, ya tara sama da dala biliyan ɗaya da rabi a gidajen sinima, shekara ɗaya da rabi bayan wa'adin kason 'ya'yan Linda ya ƙare.